Garin da ke ƙarƙashin garin Rum

Jama'a barkanmu da warhaka. Tun kafin mu yi nisa bari in faɗa muku, ramukan da za mu shiga yau, har da katakom wato tsofaffin makabartun ƙarƙashin ƙasa na Rum, an hana ɗaukar hoto a ciki, ko waya ka ɗaga jagoran zai maka magana, saboda haka yawancin abin da za ku gani a bidiyon nan zane ne da hotunan waje, sauran kuma sai dai ku bi ni da kunne.

Muna birnin Rum, ƙasar Italiya. Masu kai baƙi yawon ƙarƙashin ƙasa da yawansu daga nan suke farawa, wata coci da ake ce wa San Kilemente, tafiyar 'yan mintuna ce a ƙafa daga Kolosiyam, tsohon katafaren filin wasan nan na Rumawa. Daga waje ba za ka ce akwai wani abu ba. Cocin da kake tsaye a ciki an gina ta wajajen shekara ta 1100, to ka sayi tikiti ka sauka matattakala sai ga ka a cikin wata cocin daban ta ƙarni na 4, wadda aka cike da ƙasa aka ɗora ta saman a kanta, ka sake sauka kuma sai ga gine-ginen ƙarni na 1 har da ɗan lungu siriri tsakanin gini biyu wanda da kyar mutum ɗaya ke wucewa. A can ƙasan akwai ɗakin bautar Mitras, abin bautar wani addini na asiri da sojojin Rum suka fi yi, maza zalla, ga dakali hagu da dama inda suke kishingiɗa su ci abinci, a tsakiya ga dutse an sassaƙa shi yana yanka bijimi. Kuma duk inda ka tsaya kana jin ƙarar ruwa yana gudu. Ruwan nan ya taɓa mamaye ɓangaren ƙasan, sai da aka haƙa masa hanya wajen 1912 zuwa 1914 sannan ya janye.

Wani fada ɗan Ailan mai suna Joseph Mullooly ne ya fara tonon wurin a 1857. Yadda aka yi gini ya hau gini ba wani abin mamaki ba ne, gobara ta ci, yaƙi ya rusa, kogi ya kawo laka, mutane su baje ɓaraguzan su yi sabo a kai, shekara dubu biyu ana haka ai dole gari ya tashi sama.

To yanzu mu fita bayan gari, inda ainihin maganar take.

Wannan titin mai manyan baƙaƙen duwatsu shi ne Via Appia, an fara shi a shekara ta 312 kafin haihuwar Annabi Isa. Ku lura hagu da dama duk kaburbura ne. Dalili shi ne tsohuwar dokar Rumawa ta hana binne gawa ko ƙona ta a cikin gari, dole sai bayan ganuwa, shi ya sa masu kuɗi suka jera kaburburansu a bakin hanya kowa ya wuce ya karanta sunansu. Talaka fa? Rumawa da yawa a lokacin ƙona gawa suke yi a zuba tokar a tulu, wuri kaɗan ya isa. Amma Yahudawa da Kiristoci binnewa suke yi, binnewa kuma fili take ci, fili a bakin Rum ba na mai ƙaramin ƙarfi ba ne. Sai aka ce to tunda ba za a iya faɗaɗawa ba a yi ƙasa.

Kuma ƙasar wurin ta ba da haɗin kai. Dutsen yankin tokar aman wuta ce da ta daskare, sunansa tufa, yana da laushi lokacin da ake sararsa, in iska ta buge shi sai ya ƙara tauri. Akwai masu sana'ar haƙa da ake kira fossores, su ne maginan kabarin wancan zamani, da diga da fitilar mai, su sare dutse su cika kwando a jawo ta wasu ramuka da suka buɗe har sama, waɗanda kuma su ne ke kawo iska da ɗan haske.

Katakom ɗin da muka shiga ita ce ta San Kalisto. Kalisto ɗin nan bawa ne a da, ya sha wahala har aikin haƙar ma'adinai a tsibirin Sardiniya an kai shi, daga baya Fafaroma Zefirinus ya ɗora shi kan kula da wannan makabarta a farkon ƙarni na 3, shi kansa ya zama Fafaroma a 217. Hanyoyin da ke ƙarƙashin nan sun kai wajen kilomita 20, hawa huɗu, zurfi ya haura mita 20, an kiyasta mutum kusan rabin miliyan aka binne. Ba a shiga sai da jagora, ana tara ku ne bisa yare, masu Turanci nan, masu Faransanci can, kuma duka yawon bai wuce minti 40 ba, wato ɗan gutsure kawai ake nuna maka.

Da ka sauka abin da zai fara dukanka sanyi ne. A waje ana zafin bazara kana gumi, a ƙasa digiri 15 zuwa 16 rani da damina, ga danshi ga warin ƙasa jiƙaƙƙiya. Hanyar ba ta fi faɗin mita ɗaya ba amma bangon ya yi sama sosai, kuma bangon duk ramuka ne a kwance, ɗaya kan ɗaya kamar kantar shago, biyar shida wani wurin fiye. Kowane rami mutum ne. Ba akwati, a naɗe mamaci a likkafani a kwantar da shi, wani lokaci a zuba farar ƙasa, a toshe bakin da fale-falen jan bulo ko marmara a shafe. Wanda ke da hali a rubuta sunansa, wanda ba shi da shi sai 'yan uwa su manna wani abu a jikin shafen tun yana ɗanye, tsabar kuɗi ko ɗan kwalba ko abin wasan yara, don in sun dawo su gane nasu a cikin dubbai.

Wani abin da jagoran zai nuna muku, na sama su suka fi tsufa. Saboda idan bango ya cika ba sama ake ƙarawa ba, ƙasan hanyar ake ƙara tonewa a samu sabon bango, shi ya sa rufin ya yi nisa haka.

Ni dai abin da ya tsaya min a rai ƙananan ramukan ne. Wasu tsawonsu bai fi kamu biyu ba, an cusa su a kusurwa, a ƙarshen layi, duk inda ɗan wuri ya rage, kuma wallahi suna da yawa, kana tafe kana ƙirgawa har ka daina. Yara ne. A nan ne duk surutun 'yan yawon ya mutu ba wanda ya ce a yi shiru.

Wanda ya zo don ya ga ƙoƙon kai da ƙasusuwa zai koma da haushi, ramukan da ke kan hanyar baƙi duk wayam suke, an kwashe abin da ya rage an mayar can ciki saboda a da mutane na ɗauka su sa a aljihu su tafi da shi gida. Hotunan bangon ƙasusuwa da kuke gani a intanet yawanci na birnin Faris na Faransa ne, kuma can labarin daban ne, tsofaffin ramukan fasa dutse ne da aka fara juye ƙasusuwan makabartun gari a ciki daga 1786, mutum wajen miliyan 6. A Rum ma akwai irin wannan a cocin 'yan Kafucin, wata ƙungiyar masu zuhudu ta Katolika, inda aka yi ado da ƙasusuwan mutum kusan 3,700, masu shirya yawo suna son haɗa shi a tikiti ɗaya, amma shi ba katakom ba ne.

Sai babbar maganar da kusan kowa ke zuwa da ita, wai nan Kiristoci suke ɓuya lokacin da sarakunan Rum ke kashe su, har suna zaune a ciki. Jagororin da kansu sun gaji da gyara wannan. Hukuma ta san wurin sarai, makabarta ce da kowa ya sani, ta yaya za ka ɓuya a inda aka san ƙofarsa, kuma wa zai iya kwana da kwanaki a cikin duhu da warin dubban gawarwaki? Ana dai zuwa jana'iza, ana zuwa tunawa da mamaci a ci ɗan abinci a gefen kabarinsa. Kisa kam an yi, Fafaroma Sistus na biyu a wannan makabartar aka kama shi aka kashe a 258 zamanin sarki Baleriyan. Amma mafi yawan kaburburan nan an haƙa su ne bayan 313, lokacin da aka riga aka halatta addinin, mutane na rububin a binne su kusa da waɗanda suka yi shahada. Kalmar da su suke kiran wurin da ita ma daga Girkanci take, ma'anarta makwanci, wurin barci. Ita katakom ɗin asali sunan wani kwari ne a gaba kaɗan kan wannan titi, wajen San Sebastiyano, daga baya ta bi duk sauran.

Akwai ɗakunan iyali masu zane a bango, kifi, kurciya, makiyayi ɗauke da tunkiya a kafaɗa, sannan wanda za ku gane ba sai an faɗa muku ba, Annabi Yunusa, ana jefa shi a teku, dabbar ruwa ta haɗiye shi, ta amayar da shi, ga shi kwance a ƙarƙashin inuwar duma. Zanensa ya yi yawa a katakom sosai. A na Yahudawa kuwa, irin na Vigna Randanini nan kusa, fitilar nan mai rassa bakwai za ka gani.

To ya aka yi wuri irin wannan ya ɓace? Yaƙe-yaƙe. An ci Rum a 410, wajen ganuwar gari ya daina zama lafiya, a ƙarni na 8 da na 9 Fafaromomi suka kwashe ƙasusuwan waliyyansu suka shigar cikin coci-cocin gari, masu ziyara suka daina zuwa, ƙasa ta rufe ƙofofi, aka yi gonakin inabi a kai. Sai a 1578 wasu leburori na haƙa a wata gona kan titin Salariya ƙasa ta buɗe musu. Wani Antonio Bosio ya ƙarar da rayuwarsa yana rarrafe a ramukan nan da kyandir, har ya taɓa ɓata a katakom ɗin Domitilla.

Na San Kalisto kuwa sai 1849. Wani saurayi ɗan shekara 27, Giovanni Battista de Rossi, ya ga ɓallin marmara a wata gonar inabi da guntun rubutu, NELIUS MARTYR, wato Nelius shahidi, farkon sunan ya karye. Ya ce wannan Korneliyus ne, Fafaroman da ya rasu a 253, kuma in dutsensa na nan to makabartar na ƙarƙashin ƙafarmu. Ya lallaɓa Fafaroma Piyus na tara ya sayi gonar. Aka tona, aka samu ɗaya ɓallin da sauran haruffan, ya haɗu cif. A 1854 ya kai ga ɗakin da aka binne Fafaroma tara, ɗan ƙaramin ɗaki ne, sunayen wasu daga cikinsu da Girkanci a fasassun duwatsu, nan jagoran zai tsayar da ku ya fi daɗewa.

In Allah ya kai ka, katakom sun haura 60 a kewayen Rum amma kaɗan ake buɗe wa baƙi, San Kalisto ba a buɗe ta ranar Laraba, ka riƙe 'yar suwaita ko da ana rana, ka sa takalmi mai kama ƙasa don matattakalar na da santsi, mai ciwon gwiwa ko wanda ƙunci ke tayar wa hankali gara ya jira a lambun sama. Bas mai lamba 118 na bi ta ƙofar, sai dai yana iya shanya ka, ka taho da ruwan sha.