Gizago Ba Ya Sassaƙa Da Kansa

Jama'a masu sauraro, barkanmu da wannan lokaci.

Wani saƙo ne ya hana ni sakat tun makon jiya. Bayan shirin da muka yi a kan koya wa matasa sana'a, wani mai sauraro ya rubuto yana cewa, a wannan zamani na inji da lantarki, duk wanda ya zaunar da yaro yana koya masa riƙon gizago da kurfi da zarton hannu, ɓata masa lokaci kawai yake yi. Ya ce waɗannan kaya sun gama yayinsu, wurinsu gidan tarihi, a rataye su a bango, a rubuta sunayensu a ƙasa, kowa ya huta. Da shi kaɗai ne mai wannan ra'ayi, da na bar maganar ta wuce. Amma na sha jin irinta daga bakin masu ilimi, har da waɗanda ke tsara abin da za a koyar a makarantun sana'a. Shi ya sa yau zan amsa masa, kuma zan amsa da zafi.

Malam, gizagon da kake so a rataye a bango ƙarfe ne da ƙota. Ba ya sassaƙa da kansa. Ilimin yana hannun wanda ya iya riƙe shi, kuma hannu ba ya ratayuwa a bango. Ranar da mai hannun ya kwanta dama bai koya wa kowa ba, ranar ilimin ya tafi, ko da gizago dubu ne jere a gidan tarihi.

Bari mu ɗan waiwaya, don a san girman abin da ake cewa a watsar. A shekarar 2023 masu binciken kayan tarihi suka bayyana abin da suka tono a bakin kogin Kalambo a ƙasar Zambiya: gungume biyu da aka sassaƙe, aka yi wa ɗaya gurbi ya hau kan ɗaya. Sun ƙiyasta shekarunsu da aƙalla 476,000. Kusa da birnin Leipzig a Jamus an tono rijiyoyi da aka ɗaure bakinsu da katakon oak shekaru sama da 7,000 da suka wuce, da haɗin nan da kafintoci ke kira mace da namiji, a huda rami a jikin wannan katako, a fiƙe bakin wancan, a zura su kama juna. Mutanen da suka yi aikin ba su san ƙarfe ba, gizagonsu na dutse ne. A Masar kuwa, a 1954, an buɗe wani rami a gindin babbar dalar Giza aka tarar da jirgin ruwan Fir'auna Khufu a wargaje, gunduwa 1,224, mafi yawansu itacen al'ul na Lebanon. Da aka harhaɗa shi tsawonsa ya haura mita 43, ba ƙusa a jikinsa, haɗi ne da igiya. Kayan da suka yi shi zarton jan ƙarfe ne da gizago da kurfi. Wannan sana'a ce kuma da hadisi ya zo a Sahihu Muslim cewa Annabi Zakariyya, amincin Allah ya tabbata a gare shi, da ita yake ci. To ita ce wani zai zauna ya shafe da saƙon layi uku?

Na san abin da za a ce: inji ya fi sauri. Wa ya musa? Wannan gardama an gama ta tun shekaru 200 da suka wuce. A tashar jiragen ruwan yaƙi ta Portsmouth a Ingila, injinan da Marc Brunel ya tsara, Henry Maudslay ya ƙera, sun sa mutum 10 suna yin aikin mutum 110 wajen yin gargaren katako da ake jan igiyar jirgi da su, har guda 130,000 a shekara wajen 1808. Daga baya aka samu injin huda na lantarki mai riƙon hannu a Jamus a 1895, zarton lantarki ya biyo baya. Duk mai hankali ya yarda cewa idan ƙofa dubu ake so iri ɗaya, inji za a kunna. Ni ma ban ce a kashe shi ba. Abin da nake tambaya shi ne, ranar da aka zo ga aikin da inji bai san kansa ba, wa za a kira?

Kuma irin wannan rana tana zuwa. Ta zo har sau biyu a idon duniya, kuma ina so mai saƙon nan ya saurara da kyau.

Ta farko a masallacin Al-Aƙsa. Akwai wani mumbari da Sarki Nuruddin Zanki ya sa masassaƙan birnin Halab na ƙasar Siriya suka yi wajen shekarar 1168, da niyyar a kai shi Ƙudus ranar da aka karɓo ta. Bai ga wannan rana ba. Salahuddin ne ya kai mumbarin masallacin bayan ya shiga birnin a 1187. Mumbari ne na dubban ƙananan yankan katako, kowanne an fiƙe shi ya shiga cikin ɗan'uwansa, suka fitar da taurari da zane mai sarƙaƙiya, ba gam ba ƙusa. Hikimar kuwa ita ce, katako yana kumbura da damshi, yana tsukewa da zafi. Idan ka ɗaure shi da ƙusa zai tsage, idan ka bar masa wurin motsi a cikin haɗi zai yi numfashi ya zauna lafiya. Haka ya zauna kusan shekaru 800. Ranar 21 ga Agusta, 1969, wani ɗan ƙasar Ostareliya ya cinna wa masallacin wuta, mumbarin ya ƙone. Hotunansa suna nan, guntayen da suka tsira suna nan, kurfi da zarto ba su ƙare a duniya ba, kuɗi ma Masarautar Jodan ta ce za ta bayar. Me ya rage? Hannu. Sai da aka koma ana warware lissafin zanen daga tushe, aka bi ƙasashe ana neman ragowar masassaƙan da suka san wannan haɗi, aka tara su a Jodan. Sabon mumbarin bai shiga masallacin ba sai a 2007. Shekaru 38, jama'a! Ba na cewa rashin masassaƙa ne kaɗai ya jawo jinkirin, kowa ya san halin da Ƙudus take ciki. Amma babu mai musun cewa aikin da masassaƙan gari ɗaya suka yi a ƙarni na 12, sai da aka tattaro mutane daga ƙasashe kafin a iya maimaita shi a zamanin kwamfuta.

Ta biyu a birnin Paris. Ranar 15 ga Afrilu, 2019, gobara ta cinye rufin majami'ar Notre-Dame. Rufin nan na ƙarni na 13 ne, kuma saboda yawan itacen oak da ke cikinsa Faransawa suna ce masa daji. Wuta ba ta gama mutuwa ba masu irin ra'ayin abokinmu suka fito: a yi shi da ƙarfe, a yi shi da kankare, ai yanzu babu mai iya irin wancan aiki. Sai ga shi akwai. Akwai su ne saboda wasu sun ƙi jin shawarar a rataye gatari a bango. A wani daji a yankin Burgundy, tun 1997 ake gina fadar Guédelon da kayan aiki da dabarun ƙarni na 13, wasu na yi musu kallon masu wasan yara. Akwai kuma tsohon tsarin koyon sana'a na Faransa, inda ɗan koyo ke yawo gari zuwa gari yana aiki ƙarƙashin iyayen gida daban-daban, wanda hukumar UNESCO ta sa cikin jerin al'adun gado na ɗan Adam a 2010. Daga irin waɗannan wurare aka samo mutanen. Maƙera suka ƙera musu gatura kusan 60 na musamman. An yi amfani da kwamfuta wajen zane, an yi amfani da inji wajen ɗaukar nauyi, amma fuskar jigajigan rufin gatari ne ya fitar da ita. An sake buɗe majami'ar ranar 7 ga Disamba, 2024.

Me ya sa gatari, alhali ga zarton inji? Nan ne maganar take, kuma nan ne nake so masu tsara karatu su tsaya. Itace yana da jijiya. Zarton inji miƙe yake tafiya, bai damu da inda jijiyar ta karkata ba, yana yanke ta ya wuce. Gatari kuwa a hannun gwani bin jijiyar yake yi, inda ta lanƙwasa ya lanƙwasa, sai jigon ya fito da zarensa a haɗe daga farko har ƙarshe. Wanda ya yi shekaru yana sara yana jin wannan a damtsensa. Ƙarar saran tana gaya masa ko akwai ruɓa a ciki. Yadda sassaƙen ke tashi yana gaya masa ya juya ta ɗaya gefen. Yana duban gungume ya san inda zai murɗe idan ya bushe. Faɗa mini littafin da zai zuba wa yaro wannan a hannu. Faɗa mini bangon gidan tarihin da zai koya masa.

Ga misali ma na abin da gidan tarihi ke iya ajiyewa da abin da ba ya iyawa. A 1936 wani manomi yana huɗa a tsibirin Gotland na ƙasar Suwidin, garmarsa ta tono wani akwati na kimanin shekaru 1,000. A ciki akwai gatura da gizago da zarto da magagari da guduma da abin huda, kayan wani mutum da ya haɗa ƙira da sassaƙa. Kafintan yau idan ya leƙa zai gane kusan kowanne, don siffarsu ba ta canza sosai ba. Akwatin yana nan a adane. Amma yadda mai shi yake tsayawa, yadda yake wasa bakin kurfinsa, yadda yake zaɓen itace a daji, duk sun bi shi kabari. Ƙarfen ya tsira shekara dubu a cikin ƙasa, ilimin kuwa mutuwar mutum ɗaya ta isa ta yanke shi.

Abin da ya fi ɓata mini rai shi ne, mai cewa a bar kayan hannu bai san cewa shi kansa injin yana neman wanda ya fara da hannu ba. Ɗauki yara biyu ka ba su injin gogar katako. Wanda ya taɓa sulɓe katako da hannu ya san cewa idan ya tura shi gaba da jijiya zai yage, ya san ƙarar wuƙar da ta dakushe, ya san ɗanyen katako da busasshe tun daga nauyinsa. Ɗayan kuwa maɓalli kawai ya sani. Inji ya yage masa katako, ya ce katakon ne ba shi da kyau. Ƙofa ta ƙi rufuwa bayan wata uku, ya ce ruwan sama ne. Haɗi ya yi sako-sako, ya cika shi da gam da ƙusa ya shafa fenti. Sa'an nan a zo ana kuka wai kayan yanzu ba sa ƙarko! Ta yaya za su yi ƙarko, bayan an yaye yaro bai taɓa wasa ƙarfe a kan dutse ba? Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi, kuma hannu ma haka yake. Wanda ya kai shekara 40 yana danna maɓalli ba ranar da aka shiga matsi zai koyi sara ba.

Akwai wurin da ni ma nake da shakka, kuma zan faɗa. Ba kowace dabara ta dā ce ta cancanci a riƙe ba. Mutum biyu su wuni suna tsaga gungume da dogon zarto, ɗaya a sama ɗaya a cikin rami garin katako na zuba masa a ido, wannan wahala ce da inji ya ɗauke wa bayin Allah, kuma ban ga dalilin mayar da kowa cikin ramin ba. Wannan na bar wa inji da hannu biyu. Amma wasa kurfi, da fitar da haɗi, da karanta jijiyar itace, da daidaita katako da ido da tafin hannu, waɗannan su ne ƙashin bayan sana'ar, kuma su ne ake so a jefar tare da ramin.

Mutanen Japan sun gano wannan tun da daɗewa. Ba addininsu nake magana a kai ba, dabararsu nake nuna muku. A wurin ibadarsu na Ise, duk bayan shekara 20 sukan gina sababbin ɗakunan katako a fili na gefe, daidai da tsofaffin, sa'an nan su kwance tsofaffin. Sun fara wajen shekarar 690, yaƙe-yaƙe suka katse abin na sama da shekara 100, suka dawo suka ci gaba. Karo na 62 shi ne na 2013. Ginin bai ruɓe ba a shekara 20, a ƙasar da ɗakunan katako na wurin ibadar Horyu-ji suka haura shekara 1,300 a tsaye. Amma duba abin da shekara 20 ke yi: saurayi ya shiga aikin yana ɗan koyo, ya dawo karo na biyu yana gwani, idan da rai ya dawo na uku yana maigida, yana tsaye a kan wani saurayin. Zare ba ya tsinkewa, domin ba a taɓa barin tazarar da ta fi ƙarfin rayuwar mutum ɗaya ba.

Don haka malam mai saƙo, ga amsata. Ka sayi injinka, Allah ya sa albarka. Amma kada ka zo kana ba makarantu da iyayen gida shawarar su cire gizago da kurfi daga hannun yara. Tsofaffin masassaƙa suna tafiya ɗaya bayan ɗaya a kowace ƙasa, kuma da yawansu babu wanda ke zaune a gabansu yana kallo. A Ise kuwa tuni aka fara saran itacen ginin 2033.