Limamin Nghar da lambar MON, daga teburin mai shayi a Jos

Jama'a, assalamu alaikum, barkanku da warhaka. Yau ba a Landan nake ba, na zo gida hutu. Ga ni a teburin mai shayi a Titin Bauchi, cikin Jos. Ku dubi yadda kofin nan ke tururi. Sanyin garin nan da asuba, ko wanda ya saba da Ingila sai ya laluɓo rigar sanyi.

Ni da Kawu muke zaune, hira ta kai mu kan Malam Abubakar Abdullahi, wanda ya yi limanci a ƙauyen Nghar a ƙaramar hukumar Barikin Ladi. Ranar 23 ga Yunin 2018 wasu mahara suka afka wa ƙauyukan yankin, jama'a suka tsere, galibinsu Birom Kiristoci. Dattijon nan, ya haura shekara 80, ya buɗe musu ƙofa. Mata ya kai su cikin gidansa, maza ya shigar da su masallaci, mutum 262. Da maharan suka iso ya tsaya a bakin ƙofa yana roƙonsu, ya ba da ransa a madadin na baƙinsa, bai kauce ba har suka juya.

Amurka ta karrama shi a Washintan a Yulin 2019. Tamu lambar sai ranar 11 ga Oktoban 2022, da Shugaba Buhari ya ba shi lambar girmamawa ta ƙasa mai suna MON a Abuja, cikin mutum fiye da 400. 

To ga abin da ke ci mini tuwo a ƙwarya. A jerin lambobin da dokar 1964 ta kafa, GCFR ce a sama, ta shugabannin ƙasa, sai GCON, a gangaro CFR, CON, OFR, OON, MFR, sannan MON can ƙasa. Wanda ya hau kujera ya sami babba, wanda ya tare bakin bindiga da ƙirjinsa ya sami ƙarama. A Ingila tun 1940 Sarki George na shida ya ware lambar George Cross don jarumta zalla, ba ruwanta da muƙami, ko leburan jirgin ƙasa yana iya samunta.

Na faɗa wa Kawu haka, sai ya ajiye burodinsa ya ce, "Kai yaro, Malam Liman ya ce maka don lamba ya yi?"

Na ce, "A'a Kawu, amma yara suna kallon wanda aka ɗora a gaba."

Bai tanka ba, ya ce mai shayi ya ƙaro masa madara. Gobe in Allah ya kai mu za mu bi ta Bukuru mu nufi Barikin Ladi, in hanya ta yi kyau zan nuna muku masallacin.