Mai busa gilashin da ya daina busawa

Habsu: Barkanmu da warhaka, masu saurare, daga nan Damagaram. Ina tare da Malam Lawali da Mutari, kuma yau hirar kan Dale Chihuly ce, Ba'amurken da ya yi suna a aikin gilashi. Malam, bismillah.

Malam Lawali: An haife shi a 1941 a garin Tacoma. A 1968 ya tafi Murano, kusa da Venis a Italiya, ya zauna a masana'antar Venini. Can ya ga yadda ake aikin a ƙungiyance. Wani ya ɗebo narkakken gilashi daga murhu a bakin dogon bututun ƙarfe, wani ya busa, wani na juya bututun, wani kuma na jan bakin gilashin da awartaki. Zafin murhun ya haura digiri 1,000. In mai juyawa ya tsaya ko kaɗan, gilashin ya zube gefe guda, aikin ya lalace.

Mutari: Malam, ni abin da ya tsaya mini a rai, an ce mutumin nan ya daɗe da daina busawa.

Malam Lawali: Haka ne. A 1976 ya yi haɗarin mota a Ingila, ya rasa idon hagu. A 1979 kuma kafaɗarsa ta goce yana wasa a teku. Daga nan ya koma yin zane a takarda, yana tsaye yana ba da umarni, yaransa na busawa.

Mutari: To ta yaya za a ce aikinsa ne? Furannin gilashi sama da 2,000 da ya jera a rufin otal ɗin Bellagio na Las Vegas a 1998, wasu ne suka sha zafin wutar.

Habsu: Mutari, je ka Birni ka dubi tsofaffin gidajen nan masu zane a bango. Babban magini ba shi ke kwaɓa ƙasa ba, amma shi ya san inda kowane layi zai bi, kuma in bango ya karkace, shi ake kira. Ni dai a ganina ido da tunani ma aiki ne.

Mutari: Na yarda, Yaya Habsu. Sai dai yaron magini yana sa ran wata rana ya zama maigida.

Malam Lawali: Nan kam Chihuly ya yi nasa. Tun 1971 yana cikin waɗanda suka kafa makarantar Pilchuck a jihar Washington, kuma masu aikin gilashi da dama sun bi ta can, yau suna cin gashin kansu.

Mutari: Duk da haka ina so in ga sunan mai busawa a rubuce kusa da nasa. Ko a Bida ta Najeriya, 'yan unguwar Masaga da ke narka kwalabe suna yin ƙarau da tsakiya, matanmu na saya a kasuwa, wa ya san sunan ko ɗaya daga cikinsu?

Habsu: To Malam, a samo mana wanda ya san Masaga, mu kawo shi nan mu ji daga bakinsa.