Yadda Kwana Ɗaya Ke Raba Mai Neman Aikin Gwamnati da Gurbinsa

Masu kallo, barkanmu da wannan lokaci. A ce mutum biyu sun kammala digiri tare, sakamakon ɗaya ya fito kafin a rufe karɓar takardun neman aikin gwamnati, na ɗayan kuwa sai bayan kwana biyu. Na farko ya cancanta, na biyu bai cancanta ba, ko da kuwa ya fi ɗan'uwansa hazaƙa. Ranar da hukuma ke tsayarwa ta ce duk sharaɗin shekaru ko na ilimi dole ya cika kafinta, ita ce ke jefa ɗimbin masu neman aiki cikin shari'a.

Indiya na cikin ƙasashen da aka fi kai ruwa rana a kan wannan batu. Hukumar UPSC, mai shirya jarrabawar manyan ma'aikatan tarayya, ta shar'anta cewa mai nema ya cika shekara 21, kuma kada ya kai 32 a ranar 1 ga Agusta ta shekarar jarrabawa, sai dai wasu rukunonin al'umma da aka yi wa sassauci. A jarrabawar 2024, wanda aka haifa ranar 2 ga Agusta 1992 ya shiga, wanda aka haifa ranar 1 ga wata kuwa ƙofa ta rufe masa. Masu ƙara sukan dogara da sashe na 14 da na 16 na tsarin mulkin ƙasar, waɗanda suka tabbatar da daidaito a gaban doka da kuma a wajen ɗaukar aiki. Amma a 1994, a shari'ar Sudhir Kumar Jaiswal, Kotun Ƙoli ta amince da wannan rana, bisa hujjar cewa ko wace rana aka zaɓa sai an sami wanda ta bari a waje, don haka zafin da wani ya ji bai isa ya mayar da ita zalunci ba, sai in an nuna cewa an zaɓe ta ne ba tare da wani dalili na hankali ba.

To, idan ba a faɗi ranar ba fa? A 2000, a shari'ar Bhupinderpal Singh, kotun ta ce a fara duba ƙa'idojin aikin. Idan sun yi shiru a duba sanarwar da aka buga, idan ita ma ba ta ce komai ba sai a ɗauki ranar ƙarshe ta karɓar takardu.

Hujjar da ta fi nauyi a wurina ta fito ne a 1997, a shari'ar Ashok Kumar Sharma, wadda ta shafi ɗaukar ƙananan injiniyoyi a yankin Jammu da Kashmir. Wasu masu nema ba su da sakamakon digiri lokacin da suka miƙa takardu, amma ya fito kafin a yi ganawar baka, aka bar su suka shiga. Kotu ta ce wannan kuskure ne, domin akwai mutumin da ba ya cikin ɗakin shari'a, wato wanda ya karanta sanarwar, ya ga sakamakonsa bai fito ba, ya haƙura bai nema ba. Idan aka sassauta wa wanda ya yi gaban kansa, an hukunta wanda ya bi ƙa'ida ke nan, kuma shi ba shi da lauya, babu ma wanda ya san sunansa. Duk mai jin tausayin wanda kwana ɗaya ya kayar, kuma ya cancanci tausayin, ya kamata ya tuna da wannan mutum.

Sai dai igiyar da ta ɗaure mai nema ta ɗaure hukuma ita ma. A 2009 Babbar Kotun jihar Rajasthan ta nemi masu fassara 13, sai bayan an gama jarrabawa aka ce wanda ya sami kashi 75 cikin ɗari kaɗai za a ɗauka, mutum uku ne suka tsallake. Ƙarar ta daɗe ƙwarai, har zuwa Nuwamba 2024 da alƙalai biyar na Kotun Ƙoli suka yanke, a shari'ar Tej Prakash Pathak, cewa ba a canza sharaɗin cancanta bayan an fara ɗaukar aiki, sai in ƙa'idoji ko sanarwar sun ba da dama tun farko.

Inda abin ya fi ciwo shi ne jinkiri. Hukuma takan shafe shekaru ba ta tallata gurabe ba, matasa suna jira suna karatu, ranar da sanarwa ta fito sai a tarar shekarunsu sun haura. Kotuna galibi suna ɗaukar ƙarin wa'adi a matsayin hurumin gwamnati, kamar yadda aka gani a Fabrairu 2021, lokacin da Kotun Ƙoli ta ƙi ba da ƙarin dama ga waɗanda suka yi amfani da damarsu ta ƙarshe ta zama jarrabawar UPSC a 2020 cikin annobar korona. A ganina nauyin yana wuyan hukumar da ta yi jinkirin, domin ita ce ke da ikon buga gurabe a kan lokaci, ko ta rubuta sassaucin shekaru cikin sanarwar kafin kowa ya cike takarda.