Ci-Zamani, dabbar kogin da ke cin kwanakin mutane

Nura: Assalamu alaikum masu sauraro, barkanmu da sake saduwa. Yau Anti Hadiza ta zo mana da wata halitta da ta ƙago domin labarin da take rubutawa, ga kuma Malam Bala tare da mu. Anti, bismilla.

Hadiza: Na gode, Nura. Sunanta Ci-Zamani. Tana kwance a gurbin wani kogi da ya raba garuruwa biyu, a duniyar da babu ita sai a labari. Ba ta cin kifi, ba ta cin mutum, lokaci take ci. Ka shiga kwalekwale da hantsi, a ganinka yanzu ka bar gaɓa, kana isa ƙetare ka tarar rana ta faɗi. Ta cinye wunin.

Malam Bala: Dakata, 'yata. Mutumin yana tsufa ko ba ya tsufa? Nan maganar take.

Hadiza: Yana tsufa, Malam. Zai fito da yunwar wuni guda da gajiyarsa, amma bai san komai da ya faru ba. Jiki ya biya, mai jikin bai mora ba.

Nura: Wuni ɗaya ai da sauƙi.

Hadiza: Da damina ke nan, ruwa ya cika, tana ƙoshe. Da bazara idan ruwa ya janye, yunwa ta kama ta, sai shekaru. Akwai amaryar da aka ɗauko za a kai ɗakinta a ƙetare. Ta shiga da lalle a hannu, ta fito bayan shekara bakwai. Angon ya gaji da jira ya yi aure, har da 'ya'ya biyu, mahaifiyarta kuma ta rasu. Ita kuwa guɗar da aka raka ta da ita ba ta bar kunnenta ba.

Nura: Kai! Wannan ya fi Dodon tatsuniya ban tsoro. Shi Dodo ya haɗiye ka, a farke cikinsa ka fito.

Malam Bala: Yaya kamanninta? Ina roƙonki kada ki ba ta haƙora da jajayen idanu. Dubi ayu da ke Kwara da Binuwai. Dabba ce mai girma, ciyawa take ci, tana shayar da ɗanta, ba ta cutar kowa, amma masunta ba sa maganarta da wasa.

Hadiza: Kusan haka na yi ta. Ba ta da mugunta, kiwo kawai take yi. Ba ma ganinta ake yi ba. Alamarta ita ce kwaɗi su yi tsit, inuwar matuƙi ta fara zagaye shi da sauri.

Nura: To wa zai kashe ta? A Daura macijiyar rijiyar Kusugu ta hana ɗiban ruwa sai ranar Juma'a, Bayajidda ya zo ya sare kanta, gari ya huta.

Hadiza: Ba wanda zai kashe ta, kuma wannan ne abin da na fi riƙewa a labarin. Mutanen Daura duka macijiyar ta takura, shi ya sa kowa ya yi murna. Nan kuwa akwai masu cin moriya. Sarki ya yanke wa mutum ɗaurin shekara goma, a tura shi gurbi, an huta da ciyar da shi. Mai ciwon da ya hana shi barci yana roƙon a kai shi ta cinye masa daren. Uwar da ɗanta ya rasu tana so a ɗauke mata watannin farko.

Malam Bala: Allah sarki.

Hadiza: Abin da ya fi ci mini rai shi ne fatake. Kafin ayarinsu ya ƙetare, sai su biya talakawa su fara shiga, ta ƙoshi da kwanakinsu, sannan kaya su wuce lafiya. Akwai magidancin da haka yake ciyar da gidansa. Kullum ya dawo da hatsi, ya tarar yaransa sun ƙara tsawo ba a gabansa ba.

Nura: Anti, wannan ai muna ganinsa. Mutum ya tafi ci-rani, ya dawo ɗansa na ɓuya a bayan uwarsa don bai san shi ba.

Malam Bala: Abu biyu zan ƙara. Na farko, kogi irin wannan ba ya zama babu mai shi. A Argungu, kafin dubban masunta su faɗa kogin Matan Fada, sai Sarkin Ruwa ya duba ruwan tukuna. Ki naɗa irinsa, wanda ya gaji sanin ranar da take jin yunwa. Wannan sanin kuɗi ne, kuma za a so a saye shi. Na biyu, ki kiyaye, kwanan bawa a hannun Allah yake.

Hadiza: Na kiyaye, Malam. Ba ta rage ajali, ba ta ƙara shi. Halitta ce mai iyaka, tana gajiya, tana ciwo.

Nura: Abin da ta ci fa, ina yake tafiya?

Hadiza: Tana amayar da shi a bakin gaɓa, 'yan tsakuwa farare. Wanda ya sa ɗaya a baki zai rayu wunin wani, ya ji daɗin da mai shi bai samu ji ba. Har kasuwarsu ake ci.

Malam Bala: To tsakuwar ta wane ne? Wanda ya tsinta, ko wanda aka ci kwanansa?

Hadiza: Ƙarar da amaryar nan ta kai gaban alƙali ke nan a babi na uku. Shekarunta bakwai suna cikin tulu a gidan wani attajiri, kuma ya riga ya tsotse biyu.

Nura: Babin da za ki karanta mana mako mai zuwa ke nan. Masu sauraro, mu kwana lafiya.