Sikeli, allurar wata uku da lissafin da mace ke yi

An rubuto wannan lacca daga sautin da aka naɗa a wurin taro. An rage gaishe-gaishe da maimaici.

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Shugaban zama, malamaina, iyayenmu mata da ke zaune daga baya, da ku ɗalibai masu koyon aikin jinya da ungozoma, barkanmu da war haka.

An ce in yi magana a kan ƙiba, da magani, da manufofin gwamnatoci game da yawan jama'a, ta fuskar masu nazarin ɗan'adam da al'adunsa. Na san wani zai ce me ya haɗa kifi da kaska. To, ku shiga ɗakin tazarar haihuwa na kowane asibiti ku gani. Mace za ta zo karɓar allurar wata uku, kafin a yi mata sai an ɗora ta a kan sikeli an rubuta nauyinta a kati, allurar kuma ƙarshen wata za ta shiga rahoton da ake turawa ma'aikatar lafiya. Abubuwan nan uku a tebur ɗaya suke haɗuwa, a jikin mace ɗaya. Likita na ƙirga kilo, gwamnati na ƙirga haihuwa, ita ma matar akwai abin da take ƙirgawa, kuma shi ne aka fi mantawa a tambaya.

Bari mu fara da sikelin. Ma'aunin da kuke kira BMI, mai gwada nauyin mutum da tsayinsa, ba likita ne ya ƙirƙiro shi ba. Wani masanin lissafi da taurari ne ɗan ƙasar Beljiyam, Adolphe Quetelet, a shekarun 1830, yana neman siffar matsakaicin mutum a cikin jama'ar Turai. Sai a 1972 Ancel Keys na Amurka ya raɗa masa wannan suna, bayan ya gwada shi a kan maza sama da 7,000. Maza zalla, ku lura. Shi kansa ya ce ma'aunin ya fi dacewa da nazarin jama'a a dunƙule. Lissafin kun san shi, a ninka tsayi da kansa sannan a raba nauyi da abin da ya fito: mace mai kilo 70, tsayinta mita 1.6, za ta ba ku 27 da 'yan kai, kun sa ta a layin masu nauyin da ya wuce kima tunda ta haura 25. A 1998 hukumomin lafiya na Amurka suka sauko da iyakar daga wajen 27 zuwa 25, Amurkawa fiye da miliyan 25 suka kwanta lafiya lau suka wayi gari a cikin wancan layi, ko loma ɗaya ba su ƙara ba. A 2004 kuma kwamitin Hukumar Lafiya ta Duniya ya nuna cewa mutanen Asiya na kamuwa da ciwon suga a ƙasa da wannan iyaka. Ma'aunin yana da amfani, ban ce a jefar da shi ba. Amma mutane ne suka zauna suka ja layin, kuma sun sha matsar da shi.

Yanzu mu ɗauki sikelin nan mu kai shi arewa da Tawa, a Jamhuriyar Nijar. Wata Ba'amurkiya mai suna Rebecca Popenoe ta zauna shekaru a wannan ƙasa, da farko a aikin sa-kai a wani ɗakin shan magani, daga baya ta koma bincike cikin Larabawan Azawag, wajejen Cintabaraden. Ta ba da labarin abin da ya fara ɗaure mata kai: a garinsu mace idan za ta hau sikeli takan cire takalmi, ta tuɓe rigar sanyi, har numfashi takan riƙe. A Nijar sai ta ga mata na ƙara mayafi da riga kafin su hau, don allurar sikeli ta ƙara gaba. A cikin Larabawan nan kuwa, da yarinya ta fara famfara, haƙoran nono sun soma zuba, sai a fara yi mata ɗure da madara da kunun gero, wata tsohuwa na tsaye a kanta, ba ta tashi sai ta shanye. Ana so ta yi nauyin da tafiya ma sai a hankali. Nankarwa a damtse da cinya abin yabo ce. Abin da Popenoe ta fahimta shi ne, jikin nan shaida ne: dabbobin da maza ke kiwo, nonon da ake tatsa, duk sun koma tsoka a jikin matar gida, kuma macen da ba ta zirga-zirga ta nuna ita 'ya ce, akwai masu yi mata aiki.

Na ga wasu na dariya. Kada ku yi saurin dariya, mu ma ba mu yi nisa da su ba. Amarya ta yi wata biyu a ɗakinta, danginta suka zo ganin ɗaki, me suke dubawa? Kumatunta. Idan ta murje ta yi ɓul-ɓul, sai ka ji ana cewa gidan ya karɓe ta, mijin na ƙoƙari. Idan ta rame, kafin la'asar magana ta kai ga uwarta: ko dai ba a ba ta abinci, ko kishiya ta sa ta a gaba. Ramar mace a wurinmu tuhuma ce a kan namiji. Shi ya sa kasuwar maganin ƙiba ba ta mutuwa. Yarinya ana saura wata ɗaya bikinta za ta je kemis, a haɗa mata dexamethasone da cyproheptadine, na biyun ya buɗe mata ciki ya sa ta barci, na farkon ya tara mata ruwa da kitse a fuska da wuya. Fuska ta yi tulu-tulu, ƙafafu kuwa sirara. A bayan wannan akwai hawan jini, da suga, da raunin ƙashi, da garkuwar jiki da ta faɗi. A nan ba na sassautawa da sunan al'ada, wannan cuta ce ake saye da kuɗi. Sai dai idan kika tsaya kina yi mata wa'azin BMI, alhali ita tana gudun a ce da ita sandar rake a gaban dangin miji, kin yi magana da iska.

Mu dawo kan allurar. Depo-Provera, wadda ake yi duk wata uku, Amurka ta amince da ita a matsayin maganin hana ɗaukar ciki a 1992, bayan an daɗe ana amfani da ita a wasu ƙasashe. Takardar da ke cikin kwalinta ta faɗi cewa a gwaji, mata sun ƙara kimanin kilo biyu da rabi a shekarar farko. A Amurka da Ingila wannan na cikin manyan dalilan da ke sa 'yan mata su watsar da ita. A nan kuwa za ku haɗu da wadda za ta ce miki, Sista, a yi mini mai sa ƙibar nan. Abin da kamfani ya rubuta a layin illa, ita ta ɗauke shi riba. Abin da ke tayar mata da hankali daban ne: al'adarta ta ɗauke, tana tambayar ina jinin ya taru, ko kuma ɗigon jini ya ƙi tsayawa, ya rikita mata sallah da azumi da zamanta da maigida.

Binciken da nake so ku riƙe a yau daga Gambiya ya fito. Caroline Bledsoe, tare da abokiyar aikinta 'yar ƙasar, Fatoumatta Banja, sun yi aiki a ƙauyukan da ke kewaye da Farafenni, arewa da kogin Gambiya, a farkon shekarun 1990. Ƙauyukan Musulmi ne, Mandinka da Wolof da Fulani, inda mace ke haihuwa bakwai ko fiye. Masana yawan jama'a sun tafi a kan cewa duk macen da ta karɓi maganin Bature ta gaji da haihuwa ne, tana so ta rage. Da aka bi matan ɗaya bayan ɗaya, sai aka ga wani abu da ya ƙi shiga wannan lissafi. Kusan ɗaya cikin biyar na masu shan ƙwaya ko karɓar allura sun fara ne bayan sun yi ɓari, ko sun haifi ɗa ba rai, ko jariri ya rasu. Ku duba fa. Wannan ita ce macen da kowa zai zata za ta fi kowa gaggawar samun wani cikin, ba ta da goyo, wataƙila kishiyarta na da biyar. Ita ce kuma ta je ta karɓi allura.

Da aka zauna da su, bayaninsu bai da wuya. Suka ce Allah ya riga ya rubuta wa kowace mace adadin 'ya'yan da ke jikinta. Ko za ta iya haife su duka, wannan ya danganta da ƙarfin da ya rage mata. Kowace haihuwa tana cin tsoka da jini da ƙarfi, ɓari kuwa ya fi haihuwa lafiya cin jiki. Jini da ƙarfi suna dawowa idan an huta an ci mai kyau, amma akwai abin da idan ya tafi ya tafi. A wurinsu ba shekaru ke tsufar da mace ba, wahalar haihuwa ce. Mace mai shekara 30 da ta yi ɓari uku a jere tana iya fin mai 40 tsufa. Saboda haka wadda ta yi ɓari takan nemi allura ta huta, ta mai da jiki, don ciki na gaba ya zauna. A rahoton ma'aikata an rubuta ta a cikin waɗanda suka rungumi rage haihuwa, ita kuwa shirin ƙaro haihuwa take yi.

Iyayenmu mata da ke baya, na ga kuna gyaɗa kai, don kun san wannan tun kafin a haifi masu binciken. Kunika abin kunya ce a ƙasar Hausa tun fil azal. Mace ta yi ciki da goyo a bayanta, nono ya ragu, yaro ya kama zawo ya rame, ita ma ta zube. Goyon ciki a gidan iyaye, wankan jego, zaman arba'in, shayarwa ta shekara biyu wadda Alƙur'ani ya ambata, duk hanyoyi ne na raba tsakanin haihuwa da haihuwa. Mutanenmu ba su taɓa faɗa da tazara ba. Abin da suka ƙi shi ne wani ya zo daga waje ya yanka musu adadi.

An kuwa yanka. A 1988 gwamnatin Babangida, lokacin Farfesa Olikoye Ransome-Kuti na ministan lafiya, ta fitar da manufar yawan jama'a da ta ƙarfafa 'ya'ya huɗu ga kowace mace. Ba a tilasta wa kowa ba, amma ta zo a tsakiyar matsin SAP, shirin gwamnati na tsuke bakin aljihu, asibiti ba magani sai ka saya, sai ga maganin hana haihuwa a araha. Talaka ya yi tambayar da kowa zai yi: ɗana na zazzaɓi kun ce in biya, wannan kuwa kuna bi na da shi har gida, me ya sa? Elisha Renne, wadda ta daɗe tana bincike a Zariya, ta rubuta irin waɗannan maganganu tun shekarun 1990. Sai ga 1996, lokacin annobar sanƙarau a Kano, kamfanin Pfizer ya yi gwajin wani sabon magani mai suna Trovan da yara kusan 200 suka shiga, 11 suka rasu, aka yi ta shari'a har aka sasanta da gwamnatin Kano a 2009. Da jita-jita ta tashi a 2003 cewa an sa maganin hana haihuwa a rigakafin shan inna, ta tarar da ƙasa a jiƙe. Jita-jitar ba gaskiya ba ce, kuma yara da yawa sun shanye a dalilinta, a nan da wasu ƙasashe. Amma wanda ya kira ta jahilci tsagwaro bai karanta tarihi ba. A Indiya, zamanin dokar ta-ɓaci ta Indira Gandhi, an yi wa mutum sama da miliyan 8 aikin hana haihuwa cikin shekara guda, 1976 zuwa 1977, yawancinsu maza talakawa, da yawa bisa tilas. A Zimbabuwe sabuwar gwamnati ta haramta allurar Depo a 1981, saboda yadda aka yi ta ɗura wa baƙaƙen mata ita a gonakin Turawa. Abin mamaki, a can ɗin ma an sami matan da suke zuwa a ɓoye su karɓa don kansu, mazansu ba su sani ba.

Shugaban zama na nuna mini agogo. An miƙo takarda ɗaya daga ɓangaren ɗalibai, bari in amsa ta mu tashi. Tana tambaya: idan mace ta zo bayan ɓari ta ce a yi mata allurar wata uku don ta huta ta yi ƙiba, me zan yi?

'Yata, ki fara da tambayarta hutun wata nawa take so. Wannan tambaya ita ce rabin aikin. Idan ta ce wata shida, to ki gaya mata gaskiya: bayan allurar ƙarshe, mata da yawa sukan kai wata goma kafin ciki ya shiga, wasu su haura shekara. Idan ba ki faɗa mata ba, wata takwas ya wuce shiru, uwar miji ta fara magana, za ta ce asibiti sun kashe mata mahaifa, kuma duk matan layinsu sai sun ji. Wataƙila ƙwaya ta fi dacewa da ita, don da an daina sha haihuwa ke dawowa. Ki duba jininta, mai ɓari sau da yawa jini ne ya yi mata ƙaranci, ƙarfin da take nema yana cikin maganin ƙarin jini da wake da zogale da hanta. Ki auna hawan jininta. Sannan ki tambaye ta, ba a gaban mutane ba, ko tana shan wani abu daga kemis don ta cika. Idan ta ce tana shan dexamethasone kullum tun watanni, kada ki ce ta yar da shi yau, yankewa farat ɗaya na iya kwantar da ita. Ki haɗa ta da likita a riƙa rage mata a hankali.

Na gode. Wassalamu alaikum.