Tsohon Hoto Ma Sai Da Isnadi

(An rubuto wannan daga faifan laccar da wani tsohon mai tace hotuna a gidan talabijin ya yi wa ɗalibai a Sakkwato.)

Assalamu alaikum. Malamaina da ke sahun gaba, da ku 'ya'yana ɗalibai, sannunku da zuwa cikin wannan rana tamu da ba ta san wasa ba.

Sarkin Musulmi Abubakar na III ya hau gado a 1938, Allah ya karɓi ransa a 1988. Shekara 50 cif. In aka ce ka haɗa shirin rabin awa a kansa, me za ka nuna? Kana iya zaunar da dattawa su yi ta ba da labari, amma ido na gajiya da kallon baki. Da ka sako daƙiƙa goma na Sarki bisa doki, dogarai a gefe, ƙura na tashi, sai ɗaki ya yi tsit. Gani ya kori ji. Tsohon hoto shaida ne, amfaninsa ke nan a fim.

To amma a garin nan ba a karɓar ruwaya sai an bi isnadinta. Wa ya ɗauka? Yaushe? A ina? Don wa? Galibin hotunan Arewa na kafin 1960 Turawa suka ɗauka, wasu don silimomin Ingila, wasu don majigin da ake zagayawa da shi gari-gari. Ku kalli hawan dabar da aka yi wa Sarauniya Elizabeth a Kaduna a 1956: lifidi, kakaki, abin sha'awa. Amma majemin da ke gyaran fatar jar akuya fa? In ma an nuno shi, ba ka jin muryarsa, Bature ne ke magana a kansa. Kai mai tacewa, in ka kwaso hoton har da wannan muryar, ka ari bakin wani ka ci albasa.

Na sha ganin yaranmu sun sauko da hawan Kano ko na Katsina daga YouTube, sun liƙa a labarin Sakkwato, wai ai doki doki ne. Ina! Tsohuwa a ɗaki ma za ta gane ba namu ba ne. Kuma ku sani, kamfanin British Pathé da ya zuba fina-finai 85,000 a YouTube a 2014, kallo ya ba ku kyauta. Sakawa a fim ɗinka kuwa sai da lasisi da kuɗi.

Namu na gida shi ya fi ci mini rai. Talabijin ta fara a Ibadan a 1959, Kaduna a 1962, aka kafa NTA a 1977. Ina abin da aka ɗauka duk shekarun nan? Kaset yana da tsada a lokacin, sai a goge na jiya a ɗauki na yau. A wani gida da na yi aiki, da hannun nan nawa na goge hirar wani tsohon makaɗin fada, don a ɗauki taron raba taki. Bai sake shekara ba ya rasu. Wanda ya tsira daga gogewa kuma zafi da ƙura suka gama da shi. Ka buɗe gwangwanin fim, warin tsami ya buge ka, ya fara ruɓewa ke nan. Wani kaset ɗin lafiyarsa lau, U-matic ko Betacam, amma na'urar kunna shi ta mutu, kuma babu ko rubutun shekara a jikinsa.

Wani lokaci ana dacewa. Fim ɗin Shaihu Umar na Adamu Halilu, na 1976, an ɗauka ya ɓace, sai ga shi an tsinto shi a ɗakin ajiyar Hukumar Fina-finai ta Nijeriya a 2016, aka gyara, aka nuna a Berlin a 2018.

Na ga shugaban taro yana duba agogo. An miƙo takarda ana tambayar yadda ake kwafe VHS zuwa kwamfuta. Na zo da na'urar, mu yi La'asar tukuna, sai ku matso in nuna muku.